RA'AYI: Tsakanin kofin yara da kofin manya, wa ke riƙe da 'yan matanmu?

A watan Janairun 2024 wasu yara 'yan Najeriya, maza da mata, suka sauka a lardin Gangwon na Koriya ta Kudu domin shiga Gasar Olamfik ta Matasa ta lokacin hunturu. Wasan da ya kai su shi ne kalin, wato tura dutse a kan ƙanƙara, wanda akasarin masu karanta wannan shafi ba su taɓa gani ba sai a talabijin, in ma sun gani ke nan. Su ne tawagar farko daga Afirka da ta buga wannan wasa a waccan gasa. Mafi yawan atisayensu a Legas suka yi shi, a kan daɓe mai santsi, domin ƙasar nan ba ta da filin ƙanƙarar da aka gina don wasan. Sun sha kashi da tazara mai yawa, kuma ba wanda ya yi mamaki. Jaridu suka yaba da ƙarfin halinsu, aka ɗauki hotuna, suka dawo gida, labari ya kwanta.

Yaran da ake ɗauka a wannan gasa 'yan shekara 15 zuwa 18 ne. A dokar wasan kalin kuwa, wanda ya cika shekara 21 ya fita daga rukunin matasa. Lissafin bai da wuya: tsakanin 2027 da 2030, kowace yarinya da ta ɗaga tutar Najeriya a Gangwon za ta tashi daga rukunin yara, ta tsaya a bakin ƙofar rukunin manyan mata. Abin da nake son mu duba shi ne wannan ƙofa, da abin da ke bayanta, da wanda aka ɗora wa alhakin buɗe ta. Ra'ayina shi ne ƙasar nan ta iya tara yara ta kai su gasa, ta kuma iya yi wa manya ruwan kyauta ranar da suka ciyo kofi, amma shekaru huɗu ko biyar da ke tsakanin waɗannan matakai biyu ba su da mai su a tsarinmu. A cikin waɗannan shekarun ne muke asarar 'yan mata, a wasan ƙanƙara da wanda ba na ƙanƙara ba.

Ga wanda bai san wasan ba, ga shi a taƙaice. Asalinsa Sikotlan ne, tun ƙarni na 16, inda mutane ke tura duwatsu a kan tafkunan da suka daskare. Dutsen da ake amfani da shi yau nauyinsa ya kusa kilo 20, an sassaƙe shi kamar ƙaton tulu mai mariƙi, kuma mafi shaharar wurin da ake haƙo shi wani ɗan tsibiri ne da ake kira Ailsa Craig. Tsawon filin ya kai mita 45. Kowace ƙungiya tana da mutum huɗu, kowa yana tura dutse biyu a kowane zagaye, biyu daga cikin abokansa suna bin dutsen suna goge ƙanƙarar gabansa da wata irin tsintsiya domin ya ƙara nisa ko ya miƙe, na huɗun kuma, shugaban ƙungiya, yana can ƙarshen fili yana ba da umarni. Wanda duwatsunsa suka fi kusa da tsakiyar da'ira shi ke samun maki. Mai kallo daga nesa zai ɗauka shara ake yi. Wanda ya zauna ya lura zai ga ya fi kama da dara: ana kafa dutse don tsare hanya, ana ture na abokin hamayya, ana lissafin abin da zai faru bayan jifa uku. Saboda haka ne ma wasan bai cika ba yara nasara a kan manya ba. Ƙarfi da sauri suna zuwa da wuri, amma karanta fili da riƙe zuciya a jifar ƙarshe sai an daɗe ana sha.

Tarihin manyan 'yan wasan ya tabbatar da haka. A shekarar 2010, a wasan ƙarshe na gasar matasa ta duniya, Anna Hasselborg ta Suwidin ta doke Rachel Homan ta Kanada. Dukkansu a lokacin ba su wuce shekara 21 ba. Homan ba ta ci kofin ƙasarta na manyan mata ba sai 2013, ba ta zama zakarar duniya ba sai 2017. Hasselborg kuwa sai 2018 ta rataya zinaren Olamfik, shekara takwas bayan nasararta ta ƙuruciya. Eve Muirhead ta Sikotlan ta ci kofin matasa na duniya sau huɗu, ta je Olamfik ta manya a 2010 tana 'yar shekara 19, aka fitar da ita tun a zagayen farko. Ta samu tagulla a 2014, ta dawo hannu rabbana a 2018 bayan ta zo ta huɗu, sai a 2022 a birnin Beijin ta samu zinare, shekara 15 bayan kofinta na farko na matasa. Waɗannan su ne gwanayen gwanaye, a ƙasashen da ƙanƙara ke sauka har ƙofar gida. Duk da haka kowace sai da ta yi shekaru tana faɗuwa kafin ta tsaya.

Me ya riƙe su a shekarun faɗuwar? Birtaniya tana ware wa wasanninta kuɗi daga asusun cacar ƙasa, tana biyan zaɓaɓɓun 'yan wasa tallafin rayuwa, kuma a 2017 ta buɗe makarantar horon kalin a garin Stirling inda ake atisaye duk shekara. Kanada tana da kulob a kusan kowane ƙaramin gari, tana da gasar jami'o'i da kwalejoji, kuma da ta lura matasa suna zubewa da zarar sun wuce shekara 21, sai ta ƙirƙiro gasa ta musamman ga 'yan ƙasa da shekara 25. Ƙasar da ta fi kowa yawan masu wannan wasa a duniya ita ce ta ga akwai rami a wannan wuri har ta sa masa gada. Mu da muka shiga hukumar kalin ta duniya a 2018, a matsayin ƙasar Afirka ta farko, ba mu kai ga lura da ramin ba.

Kada a fahimce ni a baibai. Ba kira nake yi a gina filin ƙanƙara a Abuja ba. Ƙasar da asibitocinta ke fama da kuɗin dizal ba ta da hujjar daskarar da ruwa dare da rana domin mutum ashirin. Amma wanda ya ɗauki ɗiyar mutane tana 'yar shekara 16, ya sa mata rigar ƙasa, ya kai ta Koriya, akwai abin da take bin sa: ko dai ya nuna mata hanyar ci gaba, ta gurbin karatu a ƙasar da ke da ƙanƙara ko ta sansanin horo na wasu makonni kowace shekara, ko kuma ya gaya mata gaskiya da wuri cewa tafiyar ta ƙare a nan, ta kama wani abin. Abin da bai dace ba shi ne shiru.

Mutumin Lafiya zai iya tambaya: ina ruwan biri da gada? Ruwan kuwa akwai, domin labarin nan namu ne, ƙanƙarar ce kawai babu. Lafiya gida ce ga Nasarawa Amazons, ɗaya daga cikin ƙungiyoyin ƙwallon ƙafa na mata da suka fi tarihi a Najeriya, kuma wadda ta daɗe tana riƙe da tutar Arewa a gasar da ƙungiyoyin Ribas da Bayelsa da Delta suka mamaye. Ta lashe gasar lig ta ƙasa a 2013, ta sake lashewa a 2017. Kocinta da ya daɗe, Christopher Danjuma, shi ne ya riƙa jagorantar Falconets, tawagar ƙasa ta 'yan ƙasa da shekara 20, zuwa gasar duniya. Daga wannan ƙungiya Anam Imo ta fito, ta buga wa Falconets a 2018, ta tafi Suwidin a 2019, ta shiga tawagar Super Falcons da ta je gasar cin kofin duniya a Faransa a shekarar. A waccan tawaga akwai Amarachi Okoronkwo, wadda ta je tana 'yar wasan Amazons. Saboda haka yarinyar da ta taso a Bukan Sidi, a bakin hanyar Jos, tana buga ƙwallo a filin makaranta bayan la'asar, ba mafarkin banza take yi ba. Ta ga waɗanda suka yi atisaye a filin wasan garinsu sun bayyana a talabijin daga Faransa.

Sai dai mu bi ta mu ga abin da ke jiran ta. Tana 'yar shekara 14 ko 15 za a iya zaɓen ta ta wakilci jiha a Gasar Matasa ta Ƙasa, wadda aka yi shekaru ana yi a Ilorin kafin a mayar da ita Asaba a 2023. Za a ba ta riga da takalmi da ɗan alawus, ta yi kwana goma a sansani, ta dawo. In ta yi fice, wataƙila a kira ta sansanin Flamingos, 'yan ƙasa da shekara 17. A duk wannan lokaci akwai abubuwa uku da ke riƙe da ita ba tare da kowa ya lura ba: tana makarantar sakandare, tana cin abincin gidan ubanta, kuma akwai malamin wasanni da ke zuwa ya roƙi iyayenta. Ranar da ta gama jarrabawar fita sakandare, duk ukun suna sakin ta lokaci guda. Makaranta ta ƙare, malami ya koma kan 'yan bayanta, gida kuma ya fara tambayar abin da wannan ƙwallo ke kawowa. Tambayar ba ta rashin wayewa ba ce. Uban da ke sayar da hatsi a kasuwa, ko mahaifiyar da ke jiran fanshon ƙaramar hukuma, suna da haƙƙin su san inda ɗiyarsu za ta kwana in ta tafi buga wasa a Yenagowa, wa zai kula da ita, wa zai biya asibiti in gwiwarta ta goce, kuma me za ta riƙe a hannu in ta kai shekara 25 ba a ɗauke ta zuwa Turai ba. Idan babu amsa, sai manemi ya zo da amsarsa, ko a samo mata shagon ɗinki, ko ta tafi Mararraba wajen 'yar uwa neman aiki. Ba wanda ya kore ta daga wasa. Ba kuma wanda ya kira ta ya ji dalilin da ta daina zuwa.

Ana yawan ɗora laifin wannan a kan addini da al'ada, a wuce. Wannan ragon bayani ne. Hukumar da ke tsara dokokin ƙwallon ƙafa ta halatta rufe kai a fili tun 2014, ta ƙwallon kwando ta biyo baya a 2017, kuma a 2023 duniya ta kalli Nouhaila Benzina ta Maroko tana buga gasar cin kofin duniya da hijabinta. Iyaye da dama da ake cewa sun hana, cewa suka yi a nuna musu masauki mai tsaro, da mace babba da za ta kula da yaran, da takarda a rubuce. Waɗannan buƙatu ne da kowane darakta a Abuja zai gabatar in ɗiyarsa ce za ta tafi.

A matakin ƙasa, tarihin tawagoginmu na yara abin alfahari ne. Falconets sun kai wasan ƙarshe na duniya a 2010 da 2014, Jamus ta doke su duka biyun. A 2014 Asisat Oshoala ta ɗauki kyautar gwarzuwar gasa da ta wadda ta fi zura ƙwallo. Flamingos sun zo na uku a Indiya a 2022. Kowace irin wannan tawaga tana ɗauke da 'yan wasa 21. Mai karatu ya gwada kansa: daga tawagar 2014, sunaye nawa zai iya kawowa bayan na Oshoala? Daga ta 2022 fa, wadda ba ta daɗe ba? Waɗanda suka tsallake mun san su, irin su Rasheedat Ajibade da Chiamaka Nnadozie, kuma kusan dukkansu hanya ɗaya suka bi: wani kulob na waje ya ɗauke su kafin su gaji. Ma'ana, gadar da muke taƙama da ita ba mu muka gina ta ba. Daga 2025 kuma gasar duniya ta 'yan ƙasa da shekara 17 ta koma ta kowace shekara, Maroko za ta karɓi baƙunci har 2029. Wato kowace shekara za mu tara sabbin yara, mu horar da su, mu sallame su. Injin samar da yara ya ninka gudunsa, ƙofar fita tana nan yadda take.

Akwai wani abu da muke yi wanda ke ɓoye mana girman ɓarnar. Idan lokacin gasar manya ya zo, sai mu waiwaya ƙetare mu ɗauko 'ya'yanmu da wasu ƙasashe suka rena. Matan nan uku da suka kai Najeriya wasan tseren keken ƙanƙara a Olamfik ta 2018, Seun Adigun da Ngozi Onwumere da Akuoma Omeoga, duk a Amurka aka haife su. Waɗanda suka fara wakiltar mu a gasar kalin ta duniya ta mace da namiji a Norwe a 2019, Tijani Cole da Susana Cole, mazauna Amurka ne. Jennifer Echegini, wadda ta zura ƙwallon da ta ba Super Falcons kofin Afirka na goma a Rabat a watan Yulin 2025, a Holan aka haife ta. Ashleigh Plumptre ta buga wa tawagogin matasan Ingila kafin ta zaɓi Najeriya. Ba mai hankalin da zai zarge su. Sun zaɓi ƙasar iyayensu alhali suna da zaɓi, sun cancanci godiya. Amma nasararsu tana sa ofis ya rubuta rahoton cewa tsari yana aiki, alhali jami'o'in Amurka da makarantun horo na Turai ne suka yi aikin shekarun da muke magana a kai.

Hanyar kuma tana da hannu biyu. Salwa Eid Naser, wadda ta zama zakarar duniya a tseren mita 400 a Doha a 2019, a Jihar Anambra aka haife ta, Bahrain ta ɗauke ta tun tana yarinya. Annette Echikunwoke ta zo Tokyo a 2021 da niyyar wakiltar Najeriya, ta faɗa cikin 'yan wasanmu goma da aka hana shiga gasa saboda ba a yi musu adadin gwajin ƙwayoyi da doka ta tanada ba; a Paris a 2024 ta ci azurfa wa Amurka, a gasar da Najeriya ta dawo ba ko tagulla. Gwajin nan da ba a yi ba aikin tebur ne, aikin wani ne da ke da fayil da kalanda.

Wannan ne ya sa nake rubuta wa masu karanta wannan shafi musamman, domin yawancinku kuna zaune ne a inda ake rubuta irin waɗannan fayiloli. Tun watan Oktoban 2024 aka rushe ma'aikatar wasanni aka dawo da Hukumar Wasanni ta Ƙasa, ƙarƙashin Shehu Dikko da Bukola Olopade. A Bikin Wasanni na Ƙasa da aka yi a Jihar Ogun a watan Mayun 2025, hukumar ta tattara zaɓaɓɓun matasa ta sa su a matsayin tawaga mai zaman kanta, suka kara da manya. Wannan tunani ne mai kyau, kuma shi ne karo na farko da na ga an amsa a aikace cewa akwai rata. Amma biki mako biyu ne. Shekara tana da mako 52.

Abu na farko da ake buƙata ya fi komai arha, kuma shi ya sa nake zargin ba zai burge kowa ba: rajista. Duk yarinyar da ta taɓa sa rigar ƙasa a rukunin yara, ko ta ci lamba a Gasar Matasa, a rubuta sunanta da lambarta ta ɗan ƙasa da makarantarta da kulob ɗinta da lambar wayar waliyyinta, a kuma sa ma'aikaci ɗaya a kowace shiyya ya riƙa sabunta bayanin sau biyu a shekara har ta kai 23. Wannan zai gaya mana, a karon farko, nawa ke zubewa, a wace shekara, da wane dalili. Zai kuma rage tsohuwar cutar nan ta rage shekaru, wadda ita ma tana da hannu a wannan matsala, domin wadda aka rubuta wa 17 alhali ta kusa 22 ta riga ta kai ƙololuwarta a lokacin da ake tsammanin yanzu za ta fara.

Na biyu shi ne kuɗi, kuma a nan zan yi ɗan lissafi. Bayan nasarar Rabat, Shugaba Bola Tinubu ya ba kowace 'yar wasan Super Falcons kwatankwacin dala 100,000, da gida, da lambar girmamawa ta ƙasa, ya kuma yi wa D'Tigress irin haka da suka ciyo kofin ƙwallon kwando na Afirka a Abijan. Ba na ƙyashin ko sisi. Matan nan sun daɗe suna bin ƙasar nan bashi. Amma dala 100,000 a canjin lokacin ta kai kimanin naira miliyan 150. A kan mafi ƙarancin albashi na naira 70,000 a wata, kyautar mutum ɗaya za ta riƙe 'yan mata 44 na tsawon shekara huɗu cur. Kyautar mutum uku za ta wuce 130. Ba cewa nake yi a rage wa wasu a ba wasu ba. Cewa nake yi adadin da ake buƙata ƙarami ne ƙwarai idan aka gwada shi da abin da muke iya fitarwa cikin dare ɗaya in farin ciki ya kama mu. Sharaɗin shi ne ya zama gurbi tsayayye a kasafin kuɗi, mai suna da lamba, a riƙa biya kai tsaye cikin asusun yarinyar, kuma a ɗaure shi da zama a makaranta ko koyon sana'a. In aka bar shi a matsayin alherin wani shugaba, zai tafi ranar da shugaban ya tafi.

Batun makarantar shi ne ƙashin bayan komai. Tobi Amusan ta ci zinare a Gasar Afirka a 2015 tana 'yar shekara 18; a 2016 ta samu gurbin karatu a wata jami'a a El Paso ta Jihar Texas, daga baya ta kafa tarihin duniya na daƙiƙa 12.12 a 2022. Abin da jami'ar ta ba ta ba sihiri ba ne: ɗaki, abinci, koci, likita, da jadawalin jarrabawa da ke la'akari da ranar gasa. A cikin Lafiya akwai Jami'ar Tarayya da aka kafa a 2011, akwai Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Isa Mustapha Agwai, a Keffi akwai jami'ar jiha, a Akwanga akwai kwalejin ilimi. Me zai hana a ware gurabe goma ko ashirin a shekara ga 'yan wasan da ke cikin rajista, waɗanda suka cika sharuɗɗan shiga, a kuma ba su damar ɗage jarrabawa in ta ci karo da wasan lig? Yarinyar da ke buga wa Amazons ranar Laraba tana shiga aji ranar Alhamis, ubanta yana da amsar da zai ba dangi. Wannan yarjejeniya ce ta shafi biyu tsakanin hukumar wasanni da hukumar jami'o'i da gwamnatin jiha, kuma wani mataimaki na musamman zai iya rubuta daftarinta kafin azahar.

Akwai kuma tsohuwar hanya da muka sani muka yi sakaci da ita. Chioma Ajunwa, wadda ta ciyo mana zinare a tsallen nisa a Atlanta a 1996, 'yar sanda ce, kuma kafin nan ta je gasar cin kofin duniya ta ƙwallon ƙafa ta mata a 1991. Kakin ne ya riƙe ta a shekarun da wasa bai ciyar da ita ba, kuma shi ta koma wa bayan ta daina. 'Yan sanda da Kwastan da Sibil Difens da sojoji duk suna da ƙungiyoyin wasanni. A duk ɗaukar ma'aikata da za a yi, a ware ɗan kaso bayyananne ga 'yan wasan cikin rajista, ta hanyar gwaji a fili, kada ya zama wata sabuwar kafar raba gurabe ga 'yan uwa.

Sai kwantiragi. Tun farkon 2021 FIFA ta wajabta hutun haihuwa na aƙalla mako 14 ga 'yar wasa, tare da biyan kashi biyu cikin uku na albashinta, ta kuma hana a kore ta saboda juna biyu. Ga 'yar Arewa wannan doka ta fi kowace muhimmanci, domin tana nufin aure ba lallai ya zama ƙarshen wasa ba. Amma doka tana aiki ne ga wadda ke da takarda a hannu. Hukumar ƙwallon ƙafa ta ƙasa da masu gudanar da lig na mata su sa ya zama sharaɗin rajistar kowane kulob: kwantiragi a rubuce, inshorar rauni, masauki mai mace mai kula. Yawancin waɗannan ƙungiyoyi mallakar gwamnatocin jihohi ne, saboda haka ba wani ɗan kasuwa ake roƙo ba. Gwamnati ce za ta bi ƙa'idar da ta sa hannu a kai.

Na san abin da za a ce, kuma yana da nauyi. Za a ce a ko'ina a duniya yawancin zakarun yara ba sa zama zakarun manya, cewa zubewar ɗabi'ar wasa ce, kuma ƙasa ba za ta ɗauki nauyin duk wanda ya taɓa cin kofin makaranta ba. Gaskiya ne. A Kanada ma, waɗanda suka kara da Homan a ƙuruciya wasunsu yau malamai ne da ma'aikatan jinya da akantoci. Bambancin shi ne sun zama malamai da akantoci. Tsarin da ya kasa mayar da su zakaru bai bar su hannu wofi ba. Tun da mun san cikin ashirin wataƙila biyu ne za su kai, to wajibi ne tsarin ya fi kula da goma sha takwas ɗin, waɗanda suka ba da shekarun karatunsu a sansani domin a buga taken ƙasa. Kuma uban da ke Bukan Sidi ba labarin Oshoala yake dubawa ba in zai yanke shawara. Yana duba ɗiyar maƙwabcinsa da ta je Ilorin shekara bakwai da suka wuce, ya ga inda take yau.

Nan da 'yan watanni ma'aikatu da hukumomi za su sake miƙa ƙiyasin kasafinsu, kwamitocin wasanni na majalisun biyu su zauna sauraron kariya. Za a ga gurbin gyaran filaye, da na tafiye-tafiye, da na kuɗin guzurin jami'ai, da na sansanin gaggawa mako uku kafin gasa. Wanda fayil ɗin ya biyo ta teburinsa ya duba ko akwai layi ɗaya da aka rubuta wa 'yan shekara 18 zuwa 23. Mafi girma a cikin yaran Gangwon za su cika shekara 21 a 2027, Flamingos ɗin da suka ciyo tagulla a Indiya kuma sun riga sun wuce shekarun Falconets ko suna gab da wucewa.